Matar da ke Cikin Madubina

Tun muna yara a Katabu ake hana mu duba madubi da daddare. Kakata in ta ga yarinya ta ɗauki madubi bayan Magariba sai ta fizge, ta ce, "Ke ba kya tsoron wata ta leƙo ki?" Mu dai mun ɗauki abin camfi ne irin na hana shara da dare, ban san wata rana ni ce zan ba da labarin ba.

A 1996 aka cire ni daga makaranta ina aji 3 na sakandare aka yi mini aure. Ba auren dole ba ne, ina son maigidana, kuma har gobe ba ni da abin kushewa a kansa. Sai dai tun ina ƙarama burina in zama nas, ni da wata ƙawata da muke zama benci ɗaya. Ita ta ci gaba, ni na shige ɗaki.

Shekara 8 bayan haka, na kai yarona asibiti a cikin Kaduna, sai ga ƙawar nan tawa sanye da fararen kaya, ana ta kiranta "Sista". Ta rungume ni, ta yi mana kirki matuƙa, amma wallahi 'yar'uwa tun daga Kawo har muka wuce Rigachikun ban ce uffan a mota ba. Da muka sauka a Mararraba, inda titi ya rabu, ɗaya ya miƙe Zariya da Kano, ɗaya ya karkata Jos ta Pambeguwa da Saminaka, sai na ji a raina cewa haka muka rabu ni da ita.

A daren aka ɗauke wuta. Na kunna fitilar ƙwai, na zauna gaban madubin sif ɗin da aka yi mini na jere, na ƙura wa kaina ido. Ban san tsawon lokacin da na ɗauka ba, sai na ga fuskata tana sauyawa, ɗankwalina ya yi fari kamar hular nas. Ni ce, amma ba ni ba ce. Maimakon in tsorata sai na ji daɗi, na ce ashe ga ni nan da ban yi aure ba.

Daga ranar kullum yara suka yi barci sai in koma. Ni nake tsara mata rayuwarta: tana ɗaukar albashi, ta gyara wa mahaifiyarmu ɗaki, ta biya mata Makka. Da gari ya waye kuma sai in ga komai na gidana ya yi mini muni, tuwo ya ƙone, yara su sha tsawa ba laifin fari ba na baƙi. Maigida ya yi ta tambaya, "Wai ni lafiya kuwa?" Uwar mijina ta ce iska ce, ta aiko da kayan hayaƙi. Wata maƙwabciya ma har ta ce ta san mai duba da madubi, Allah ya taimake ni ban bi ta ba.

Abin da ya farkar da ni karatun malamarmu ta Islamiyya ne. Ta kawo hadisin nan da Muslim ya ruwaito, wanda ya hana mutum cewa da na yi kaza da kaza ya faru, domin wannan kalmar ƙofa ce ta aikin Shaiɗan. Na san wannan ɓangaren, shi ake karanta wa mata in ana ba su haƙuri. Amma malama ta ce mu lura da abin da ya gabace shi, inda aka umarci mumini ya yi kwaɗayin abin da zai amfane shi, ya nemi taimakon Allah, kada ya gajiya. Nan jikina ya yi sanyi, domin wata 5 na yi ina kallon wadda ban zama ba, ban ɗaga ko fensir ba.

Na roƙi maigida ya bar ni in shiga makarantar matan aure. Ya yi jim, ya ce sai ya yi shawara, bayan sati 2 ya kawo mini littattafan rubutu da kansa. Da goyo na riƙa zuwa, har na zana jarrabawar NECO a 2008. Ban zama nas ba, kada in yi miki ƙarya, wannan ya riga ya wuce. Amma da manema suka fito wa babbar 'yata tana aji 3, na durƙusa gaban mahaifinta na ce a bari ta gama, kuma ya amince.

Daga baya ƙanena da ya yi karatu a Jami'ar Ahmadu Bello ya ji labarin, ya yi dariya ya ce, "Yaya, ai an yi bincike a kan wannan." Wani masani ɗan Italiya, Giovanni Caputo, a 2010 ya sa mutum 50 suka ƙura wa madubi ido na minti 10 cikin haske kaɗan, akasarinsu suka ga fuskarsu ta jirkice, wasu suka ga baƙo, wasu iyayensu. In ido ya tsaya wuri guda sai gefe-gefe ya dusashe, ƙwaƙwalwa ta cike gurbin. Tawa kuwa da abin da ke cin raina ta cike shi. Ya ƙara da cewa wani Ba'amurke, Hugh Everett, ya kawo hasashe a 1957 cewa duniya na iya rarrabuwa reshe-reshe. Na ce masa ko da hakan ne, ban taɓa jin kwandasta a Mararraba yana kiran can ba.

To 'yar'uwa, in kina da taki matar a madubi, kada ki zauna kallonta. Ki tambayi kanki me take da shi wanda har yanzu hannunki zai iya kaiwa, ki tashi ki nema, sauran ki bar wa Allah. Ni ma yanzu ina hana 'ya'yana duba madubi da daddare, suna cewa na koma Kaka.

Allah ya sa mu dace, amin.