Darasin da Kifin Tafkin Odell Ya Koya Mini

A shekarar 1986 wata cibiya mai suna MECC da ke jihar Minesota a Amurka ta fitar da wasan kwamfuta mai suna Odell Lake, domin yara masu amfani da na'urorin Apple II da Commodore 64. Tafkin Odell kuwa tafki ne na gaske a jihar Oregon. Wasan ya girme ni nesa ba kusa ba, a intanet na same shi cikin tsofaffin wasannin da aka adana. Hotunansa ba su da wani kyau, amma ya daɗe a raina.

Ga yadda yake. Yaro zai zaɓi ɗaya daga cikin kifaye iri shida, ya zama shi ne kifin. Yana cikin iyo sai wani abu ya ɓullo masa: ko wani kifi, ko ƙwari, ko ƙugiyar masunci ɗauke da koto, ko tsuntsu mai kama da shaho yana shawagi a sama. Zaɓi biyar ne a gabansa: ya ci, ya kora, ya ƙyale, ya gudu ta saman ruwa, ko ya nutse ƙasa. In ya yi ta gudu ba ya cin komai, ƙarfinsa ya ƙare. In kuma kwaɗayi ya ja shi ga koto, shi ke nan, labari ya ƙare. A nan na ƙara fahimtar karin maganar nan, kifi na ganinka mai jar koma, domin wannan karon ni ne kifin.

Abin da ya fi ɗaukar hankalina shi ne babu amsa guda da ke aiki kullum. Kifin da na cinye ɗazu ina babba, shi zai bi ni da gudu idan na dawo ina ƙarami. A tatsuniyoyin da muke nazari a aji, Kura ce mai haɗama, Gizo ne mai wayo, halin kowa a tsaye yake. A wannan tafki kuwa babu mugu babu nagari, kowa abincinsa yake nema, kuma kusan kowa abincin wani ne.

Ni da na koyi Hausa da girmana, na haddace sunayen tarwaɗa da ƙarfasa da giwan ruwa tun a shekarar farko. Amma sanin suna daban, sanin zaman halitta da maƙwabtanta daban. Yaron da ya yi wannan wasa zai iya manta sunayen kifayen, amma da wuya ya manta cewa taɓa ɗaya taɓa saura ne.

'Yan'uwana ɗalibai, idan muka tashi rubuta wa yara littattafan dabbobi, kada mu tsaya ga jera sunaye da hotuna. Mu sa yaro cikin ruwan, mu bar shi ya yi zaɓi.