Majigin Hamada da Tsohon Dagumawa

A hutun da ya wuce, da muka koma gida Dagumawa, mun tafi da wani labari da muka karanta a makaranta, muna ɗokin ba mutanen gari mamaki da shi.

Labarin wani Bature ne mutumin Sikotilan, Angus Buchanan, wanda ya tashi daga Kano a kan raƙuma cikin 1922, tare da T. A. Glover mai ɗaukar hoton majigi. Suka bi ta ƙasar Azbin, suka shiga ayarin Buzaye masu zuwa ɗauko gishiri Fachi da Bilma, kana suka yi arewa, ba su isa Tugurt ta ƙasar Aljeriya ba sai cikin 1923, bayan tafiyar mil wajen 3,500. Akwatin ɗaukar hoton nan da hannu ake juya shi, ga rairayi, ga zafin rana mai lalata kaya. Cikin 1924 aka nuna majigin a birnin Landan.

Ran nan da almuru, bayan an taso daga kasuwar Wudil ta Jumma'a, muka zauna a zauren wani tsoho, ƙanen kakanmu, muka kwashe labari duka muka faɗa masa. Ya yi shiru har muka gama, sa'an nan ya ce, "To, samari, wa ya nuna musu rijiya?"

Muka dubi juna. Ya ce, "Kakana ya yi fatauci har Agadas. Ya ce a Tenere ba itace, ba ciyawa, harawar raƙuma ma ɗaukarta ake yi tun daga Azbin. Madugu kaɗai ya san hanya, da tauraro da iska yake gane ta. In ya kuskure rijiya, ayari ya halaka. Shi wa ya san sunansa?"

Wallahi kunya ta kama mu. Mun haddace sunan baƙo da shekarar tafiyarsa, amma ba mu taɓa tambayar sunan madugun da kakannin kakanninmu suka bi ba. Ba mu raina aikin Glover ba, gama ba don wahalar da ya sha ba, da surar ayarin zamanin nan ta ɓace. Amma abin da baƙo ya yi sau ɗaya aka buga masa tambari, mutanen ƙasa kowace shekara suke yinsa, ba mai ji.

Saboda haka muna roƙonku, 'yan'uwa masu koyon malanta, kowa ya koma garinsu ya tafi da littafi da alƙalami, ya durƙusa gaban tsofaffi tun suna da rai. Mu dai mun fara, mun cika shafi goma sha biyu daga bakin tsohon nan, in Allah ya so kuma da su za mu koya wa yara labarin ƙasa.

Allah ya ja zamanin dattawanmu, amin.