Garin Mutum Ɗaya

'Yan uwana mata, mun saba cewa jama'a su ne gari. To idan jama'ar suka watse aka bar mutum ɗaya tal, gari za a kira wurin ko kufai? Wannan tambayar ce ta tsaya mini a rai game da wani ɗan mitsitsin ƙauye da ake kira Monowi a ƙasar Amurka.

Monowi yana can arewacin jihar Nebraska, a gundumar Boyd, dab da iyakar jihar Dakota ta Kudu, tsakanin kogin Niobrara da kogin Missouri. Fili ne fetal, ciyawa da gonaki da shanu iya ganin ido. An kafa shi a shekarar 1902 lokacin da hanyar jirgin ƙasa ta iso wurin. A shekarun 1930 mutanensa sun kai kimanin 150.

Ba gobara ce ta cinye garin ba, ba kuma annoba ba. Injinan noma ne suka shigo, aikin mutum goma ya koma hannun mutum ɗaya, ƙananan gonaki suka haɗe suka zama manya. Samari da 'yan mata suka kama hanyar birni neman abin yi, wanda ya tafi kuwa ba ya dawowa. Da aka yi ƙidayar shekarar 2000, mutum biyu rak aka samu, wani dattijo da matarsa. A 2004 mijin ya rasu. Ƙidayar 2010 ta nuna mutum ɗaya. Allah sarki!

Kowa zai zaci wannan baiwar Allah za ta tattara komatsanta ta koma wurin 'ya'yanta. Ina! Sai ta yi zamanta. Ta zama ita ce magajiyar gari, ita ce akawu, ita ce ma'aji. Ita ta riƙa biyan haraji, ita ta riƙa karɓa, don fitilun titi huɗu na garin su ci gaba da ci. Ta kuma ci gaba da buɗe ɗan shagon abinci da abin sha da suka riƙe ita da mijinta tun 1971, inda manoman kewaye ke haɗuwa su ci su yi hira. Dama an ce zumunta a ƙafa take.

Amma abin da ya fi taɓa mini zuciya shi ne batun littattafai. Mijin mutum ne mai son karatu, burinsa a tara littattafansa wuri guda jama'a su amfana. Bai ga cikar burin ba. Bayan rasuwarsa aka buɗe ɗakin karatu da sunansa, mai littattafai kusan 5,000, a garin da mutum ɗaya ke kwana.

Ni da nake rubuta labaran soyayya, na san yawancinmu a ranar ɗaurin aure muke rufe littafi. Alhali ba a ranar buɗar kai ake gane amana ba, sai ranar da gida ya yi tsit, babu mai gani balle mai yabo.

Don haka 'yar uwa, kada ki raina ɗan abin da kike riƙe da shi, ko gida ne, ko sana'a, ko alkawari. Ni dai a wurina Monowi gari ne. Kufai shi ne inda aka rasa mai kunna fitila.