Beau Geste da Buzayen da Ba a Nuna Fuskarsu Ba

Wanda ya tashi a zamanin talabijin baƙi-da-fari ya san daɗin daren da za a sa tsohon fim ɗin yaƙi. A gidanmu da an idar da sallar isha'i ake baza tabarmi, yaran maƙwabta su cika tsakar gida, kawu ya zauna gaban akwatin yana yi mana tafinta. A irin wannan dare na fara ganin Beau Geste, wanda William Wellman ya shirya a 1939. Har yau farkonsa na nan a kaina: dakarun agaji sun iso wani sansanin Faransa a tsakiyar rairayi, ga sojoji jere a kan ganuwa, kowa riƙe da bindigarsa, ashe duk gawawwaki ne.

Labarin 'yan'uwa uku ne 'yan Ingila. Wani dutse mai tsada ya ɓace a gidan da aka rene su, kowannensu ya gudu don zargi ya faɗa kansa, suka ƙare a rundunar Faransa mai ɗaukar 'yan kowace ƙasa. Gary Cooper ne babban wa, Ray Milland kuma autan da ya baro Isobel, wato Susan Hayward, tana jiransa. Soyayyar tasu cike take da kunya, shi ya sa iyayenmu mata ba sa tashi idan an zo wurin. Wanda ke hana mu barci shi ne Saje Markoff, mai tabo a fuska, da yake ciccibar matattu yana jingina su a ganuwa don a zaci sansanin cike yake da mazaje.

Sunan sansanin Zinderneuf. Ƙirƙirarsa aka yi, amma kowa ya ji Zinder a ciki, Damagaram ɗinmu ke nan, ko da yake a hamadar kusa da Yuma ta Amurka aka ɗauki fim ɗin. Littafin P. C. Wren na 1924 ma, wanda daga shi aka ciro labarin, a cikin jirgin ƙasa daga Kano zuwa Legas wani hafsan Faransa ke warware farkon al'amarin. Su kuwa maharan da ke zubewa daga kan tudun yashi Buzaye ne, irin waɗanda muke gani da rawaninsu a kasuwa, muna shan shayinsu. Fim ɗin bai ba ko ɗayansu suna ba, balle ya faɗi abin da ya sa suke yaƙi.

Dalili kuwa akwai. A ƙarshen 1916 jagoran Buzaye Kawusan, da goyon bayan Sarkin Agadas Tagama, ya yi wa sansanin Faransa na Agadas ƙawanya, har zuwa watan Maris na 1917 da dakarun Faransa suka zo daga Zinder. Abin da ya biyo baya kisa ne, har da malamai, aka kwashe raƙuma, jama'a da dama suka gangaro ƙasar Hausa.

Ina son Beau Geste don zumuncin 'yan'uwan nan, kuma ko gobe aka sa zan zauna in kalla. Amma ɓangaren waɗanda suka yaƙi Faransa ma ya cancanci fim, kuma Med Hondo ya nuna hanya tun 1986 da fim ɗin Sarraounia. Masu shirya fim na Kano da Yamai, labarin Kawusan na nan yana jiranku, a ɗauko shi tun tsofaffin da suka ji daga bakin iyayensu suna raye.