Mai Raɗa A Kunnen Mai Ba Da Labari

Manomi a Roni ko Gwiwa ya kan taso daga gona da yamma, ya zauna gaban akwatin telebijin, ya ga mai karanta labari yana zuba magana ba gargada. Sai ya ce, "Kai, wannan mutum akwai ƙwaƙwalwa!" Alhali kuwa ba shi kaɗai ba ne, gama hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka.

Tun da aka buɗe gidan telebijin na Badun a 1959, da na Kaduna a 1962, kowane mai magana yana da mai shirya shiri a bayansa, zaune a ɗakin injuna da agogo a gabansa. Tsohuwar dabararsu ita ce ishara. In jar fitila ta kama, an fara ke nan. In aka kaɗa yatsa, a gaggauta. In aka goga hannu a wuya, a yanke.

Yanzu akwai wata 'yar na'ura, ba ta fi ƙwayar gurjiya ba, ana cusa ta a kunne. Mai shirya shiri ya danna maɓalli, sautin shirin ya ragu a kunnen mai maganar, sa'an nan ya raɗa masa, "Saura minti 1," ko kuwa, "Ga sabon labari." Jama'a ba su jin kome. In wakili yana magana daga Kazaure zuwa Dutse, a kan aika masa da dukan sauti ban da muryarsa, don ta kan komo a makare ta sarƙe masa harshe.

To, a nan amana ta ke. Liman in ya yi tuntuɓe a sallar asham, mai yi masa gyara a fili ya ke yi, sahu duka na ji. Amma wannan gyara a ɓoye ne. Raɗa ta gari ta kan gyara sunan da aka ɓata, ta tare ƙarya tun ba ta fita ba, domin magana zarar bunu ce. Mugunyar raɗa kuwa ta kan ce a katse baƙo daidai sa'ad da zai faɗi gaskiya.

Saboda haka wanda ya yaƙi jahilci ya sami makami. In ya ji labari, sai ya ɗauki jarida ya gwada wannan da wancan, kana ya yarda.