Madubin Gobe

A unguwar Birni, kusa da fadar Sarkin Damagaram, akwai wata tsohuwa gwanar tatsuniya. Cikin tatsuniyoyinta akwai ta wani madubi. Wai wani sarki ne ya same shi a hannun aljana. Wanda ya duba cikinsa ba ya ganin fuskarsa, gobe yake gani. Amma madubin yana da wani hali: ba ya nuna gobe ɗaya. In an karkata shi dama, sai a ga rumbu cike da hatsi. In an karkata shi hagu, sai a ga fari. In an riƙe shi daidai, sai a ga shekara kadaran-kadahan.

Jikanta, ɗan aji biyar, ya ce: "Kaka, to ina amfaninsa?"

Ta ce: "Kai mijina, ka cika gaggawa! Shi ma sarkin haka ya faɗa, ya sa aka jefa shi rijiya."

Mutane sun daɗe suna son leƙen gobe. Kalmar "madubi" da kalmar "duba" ma tushensu ɗaya. Mai bugun ƙasa yakan shimfiɗa rairayi, ya yi ɗige-ɗige da yatsa, ya fitar da gidaje 16, ya ce ga abin da zai faru. Malamai da yawa sun hana wannan, domin gaibu Allah kaɗai ya san shi.

Sarakuna ma ba su da madubin. A 1898 wani hafsan Faransa mai suna Kazamaju ya sauka Zinder. Sarki Amadu Kuran Daga ya ji tsoron kada baƙon ya je ya haɗa kai da Rabe, sai aka kashe shi. A watan Yuli na 1899 sojan Faransa suka zo, aka gwabza a Tirmini, suka ci Damagaram. Da an bar baƙon ya wuce fa? Wataƙila da sun zo duk da haka.

Yaron ya manta da tatsuniyar, sai da bazara ta yi. Ran nan mushe ya gaya musu a lakwal cewa a Yamai akwai wata cibiya, AGRHYMET, wadda aka kafa a 1974, bayan babban fari. Kowace shekara, kafin damina, masana na ƙasashen Sahel sukan taru. Suna auna ɗumin ruwan teku, suna duba hotunan tauraron ɗan Adam da littattafan ruwan shekarun baya. Sa'an nan su ce: ruwa mai yawa kashi kaza cikin ɗari, matsakaici kashi kaza, kaɗan kashi kaza. Ba su taɓa cewa tabbas.

Yaro ya ɗaga hannu, ya ce: "Mushe, ai madubin kakata ne!" Ƴan aji suka yi dariya. Amma gaskiya ya faɗa.

Babansa yana da gona a kan hanyar Mirya. A wannan shekara irin geron da ya rage masa tiya shida ne, sauran an ci. Ƙarshen watan Mayu aka yi ruwan fari, ƙasa ta yi sanyi, gari ya ɗauki ƙamshi. Maƙwabta suka ɗauki sungumi suka fita. A rediyo kuwa an ce mai yiwuwa ne ruwa ya ɗauke kwanaki da yawa bayan saukarsa.

A ƙasar Zinder ruwan shekara duka bai wuce milimita 400 ba sosai, kuma yawancinsa cikin Yuli da Agusta yake sauka. Gero in ya tsiro, ya yi mako uku ba ruwa, rana da iska sukan ƙone shi. Wanda ya jira kuma, in damina ta zarce, an bar shi a baya. Uban ya ga 1984 yana yaro. Ya san yadda rumbu yake idan babu kome ciki.

Da dare ya zauna shiru a tsakar gida, buhun iri a gabansa.

Yaro ya ce: "Baba, me rediyo ta ce a yi?"

"Ba ta ce a yi kome ba. Ta faɗi abin da ta gani."

Tsohuwa tana daga ɗaki, ta ce: "Kada dai ka jefa shi rijiya."

Uban ya yi murmushi. Ya ɗauki tiya, ya auna uku cikin ƙwarya. Sauran ukun ya ɗaure bakin buhu, ya miƙa wa uwarsa, ya ce: "Inna, ajiye mini. Ko na roƙe ki, kada ki ba ni sai an yi ruwa na biyu."

Da asuba suka kama hanyar gona. Uban yana gaba yana saran rami, yaro yana baya yana zuba iri, yana rufewa da ƙafa. Can gabas akwai ɗan gajimare. Yaro ya tsaya yana kallonsa, har uban ya kira shi.