Kalmar da Mushe ya tono

A wata unguwa ta birnin Maraɗi akwai wani dattijo da ya shafe shekaru 30 yana koyar da Ingilishi a kwaleji kafin ya ajiye alli. Ba mai kiran sa da sunan yanka. Yara da manya, har waɗanda furfura ta fara kamawa, Mushe suke ce masa. Abin da ya fi ƙauna cikin kayansa shi ne wani tsohon ƙamus na Ingilishi mai kaurin tubali, wanda ya sayo a Kano tun yana saurayi, bangonsa ya sha ɗinki har sau biyu a hannun baduku. Bayan la'asar yakan shimfiɗa tabarma a zaure, ya buɗe shi duk inda hannu ya faɗa, ya kama wata kalma da mutane suka manta da ita, ya yi ta bin asalinta kamar mai bin salsalar dangi. Iyalinsa sun ɗauki abin a matsayin shagalar tsufa. Shi kansa bai taɓa zaton ɗaya daga cikin kalmomin nan za ta yi masa rana ba.

Mushe shi ne uban wata ƙungiyar wasan kwaikwayo ta Hausa, wadda aka kafa a zaurensa shekaru da dama da suka wuce. Wata shekara, bayan ƙungiyar ta dawo daga rangadin wasanni a ƙauyuka, aka zauna lissafi sai aka tarar jika 150 ba su cikin asusu, ba su kuma cikin kaye. Ma'ajin ƙungiyar dattijo ne, abokin Mushe tun suna lakwal, kuma kowa ya san matarsa ta yi doguwar jinya a daminar da ta gabata. Ba wanda ya fito ya ce masa uffan. Sai dai gunaguni ya yi yawa, samari suka daina biyan kuɗin wata, ƙungiya ta dare gida biyu: wasu na gwajin wasa a filin makaranta, wasu a gidan matasa, in sun haɗu a hanya su gaisa sama-sama. Aka yi wata 7 a haka.

Ran nan magatakardan ƙungiyar, wanda tsohon ɗalibin Mushe ne, ya yi sallama a zaure da takarda a hannu. Ya durƙusa ya yi gaisuwa, sannan ya ce: «Mushe, mun gaji da wannan zama. Ga takardar sulhu mun rubuta, ɓangarorin biyu sun yarda su sa hannu. Ku muke so ku karanta ta gaban jama'a ranar lahadi.» Dattijon ya sa tabarau ya bi ta sau biyu. Takardar ta tsaru. Ta yabi zumunci, ta tuna da iyayen da suka kafa ƙungiyar, ta yi tir da tsegumi da masu raba kan ƴan'uwa, ta rufe da cewa abin da ya wuce ya wuce. Kalmar kuɗi ba ta fito a cikinta ko sau ɗaya ba. Mushe ya cire tabarau ya ce: «Ɗana, takardarku “henotic” ce.» Saurayin ya yi murmushi, yana tsammanin yabo ne. Dattijon ya ce masa ya gyara zama, ya kuma jawo ƙamus.

Kalmar «henotic» sifa ce a nahawun Ingilishi, ana ɗora nauyin furucinta a kan gaɓa ta biyu. Ba kasafai ake cin karo da ita ba. Bature ɗan Ingila na iya tsufa bai taɓa jin ta ba, ƙananan ƙamusoshin da ɗalibai ke riƙewa kuwa ba su san da zamanta ba. Asalinta Girkanci ne. A wannan harshe «hen» na nufin ɗaya. Daga nan aka samo aikatau mai ma'anar mayar da abubuwa su zama ɗaya, daga aikatau ɗin kuma aka ƙera «henotikos», wato abin da aikinsa haɗawa ne. Ke nan idan aka ce da Ingilishi wani jawabi, ko wata takarda, ko wani marubuci «henotic» ne, ana nufin yana neman ɗinke ɓaraka, ya mayar da waɗanda suka rabu abu guda. Galibi a rubuce-rubucen tarihin addinin Kirista ake samun ta. Ƙamus ɗin Webster na 1913 ya ba ta layi ɗaya tak, ya kafa hujja da Gladstone, wanda ya riƙe muƙamin firaministan Birtaniya har sau 4 a ƙarni na 19, mutumin da ya shahara da son muhawarar addini.

Wannan ƙamus ya daidaita ta da wata sifar, «irenic», wadda masu Faransanci suka sani da «irénique». Mushe bai taɓa yarda su biyun abu ɗaya ne ba, kuma asali na bayansa. «Irenic» ta fito daga kalmar Girkanci mai ma'anar zaman lafiya, saboda haka abin da take nema shi ne a ajiye makami, kowa ya zauna a gidansa ba fitina. «Henotic» ta fi ta dogon buri, domin ita so take a rushe katangar da ke tsakanin gidajen. Hausa ta san wannan bambanci: maƙwabta biyu da suka yi rikicin iyakar gona na iya yin sulhu, kowa ya ci gaba da noma tasa, haɗe gonakin su koma gandu ɗaya wani al'amari ne dabam. Kalmar tana kuma da ƴar'uwa wadda kowane ɗan makaranta ya sani. Ɗan layin nan da ake sakawa tsakanin kalmomi biyu, wanda malaman Hausa ke kira karan ɗori, Faransanci kuma «trait d'union», sunansa da Ingilishi «hyphen», daga Girkanci mai ma'anar «a ƙarƙashin ɗaya». Gidansu ɗaya, sai dai ita karan ɗori ta shiga kowane aji, yayarta kuwa ta tsufa cikin ƙamus.

Abin da ya sa Mushe ya zaɓi wannan kalma ran nan yana cikin Faransanci. A can an fi sanin ta a matsayin suna: «l'Hénotique», sunan wata takarda da sarkin daular Rumawa ta gabas ya fitar daga birnin Kustantiniyya, wanda Hausawa suka sani da Santambul. A shekarar 451 manyan malaman coci sun yi taro a Kalsidon, tsallaken ruwa daga birnin, inda suka yanke cewa, a aƙidarsu, Almasihu mutum ɗaya ne mai ɗabi'a biyu, ta allantaka da ta mutuntaka. Kiristocin Masar da wasu da dama na Sham suka ƙi, suka tsaya kan cewa ɗabi'a ɗaya ce haɗaɗɗiya. Rikicin ya kai ga zubar da jini a Iskandariyya. Masar kuwa ita ce rumbun hatsin daular, sarki ba ya iya zuba ido ta kuɓuce masa.

A shekarar 482 sarki Zeno, bisa shawarar Akakiyus, babban limamin cocin Kustantiniyya, ya aika wa mutanen Iskandariyya da Masar da Libiya takardar da aka kira «Henotikon», wato mai haɗawa. Dabarar da ke cikinta mai sauƙi ce. Ta jaddada tsofaffin tarurrukan da kowa ya yarda da su, na Nikiya a 325, na Kustantiniyya a 381 da na Afisa a 431. Ta la'anci malamai biyu da ɓangarorin duka suka riga suka ƙi, Nestoriyus da Yutikes. Da ta iso kan ainihin abin da ake faɗa a kai, ɗabi'a ɗaya ko biyu, sai ta kauce, ta ƙi furta ko ɗaya. Da farko kamar abin zai yi. Babban limamin Iskandariyya ya amince ya sa hannu. Amma masu tsananin ra'ayi a Masar suka ce ya sayar da su, tun da takardar ba ta fito ƙarara ta yi watsi da Kalsidon ba. Suka balle daga gare shi, har aka yi musu laƙabi da marasa kai, domin sun zauna ba shugaba. A Roma kuma aka ce takardar ta yi wa Kalsidon zagon ƙasa. A 484 Paparoma Felis na 3 ya yanke Akakiyus daga jama'ar coci, aka shiga gaba tsakanin Roma da Kustantiniyya wadda ta ɗauki shekaru 35, sai a 519, zamanin sarki Justin na 1 da Paparoma Hormisdas, aka sasanta, aka kuma jingine takardar Zeno. Cocin Kibɗawan Masar da na Habasha har yau ba su karɓi Kalsidon ba. Takardar da ta tarar da ɓangare biyu ta bar fiye da haka.

Irin wannan ya sake faruwa da wata kalma ta zuriyar «hen» a zamanin da ba shi da nisa. A tsibirin Kubrus, cikin shekarun 1950, Girkawan tsibirin sun tashi da taken «enosis», wato haɗewa da ƙasar Girka. Ba a tambayi Turkawan da ke zaune tare da su ba, su kuwa suka amsa da nasu taken, «taksim», wato rabawa. Tsibirin ya sami ƴancin kai daga Birtaniya a 1960. A watan yuli na 1974 masu ra'ayin haɗewa suka yi juyin mulki da goyon bayan gwamnatin sojan Girka, bayan kwana 5 sojojin Turkiyya suka sauka, tun daga ranar tsibirin yake a rabe.

Darasin da Mushe ya ciro daga nan na nahawu ne tun kafin ya zama na zaman duniya. Sifar «henotic» tana bayyana abin da aka yi abu dominsa. Ba ta yi wa kowa alkawarin abin da zai biyo baya ba. Takarda na iya cancantar sunan tun daga kanta har ƙafarta, ta kuma zama sanadin sabuwar ɓaraka, muddin ta yi shiru a kan abin da ya raba mutane, ko ta haɗa wasu ta mance da wasu.

Magatakarda ya saurara har ƙarshe, sannan ya ce cikin ladabi: «Mushe, na ji. To amma Baba ma'aji fa? In muka ambaci kuɗin nan gaban jama'a mun kwance masa zane a kasuwa. Ku kuka koya mana rufin asiri.» Nan dattijon ya yi shiru, domin yaron ya taɓa inda ke masa ciwo. Zeno ba wawa ba ne, samarin da suka rubuta takardar su ma ba munafukai ba ne. Kara da kunya da sutura su ne suka riƙe unguwanni da dangi tun kaka da kakanni, kuma sau da yawa shiru ya kashe wutar da magana za ta hura. Bayan haka, mutumin da ake zancensa shi ne wanda suka raba fara da gyaɗa tare a filin lakwal, shi ne kuma ya yi masa babban aboki ranar aurensa. Da Mushe ya karanta takardar yadda take ranar lahadi, ba mai zargin sa, ya kuma tsira da abokinsa. Daren nan bai yi barcin kirki ba.

Abin da ya tsaya a kai da asuba shi ne, rufa wa mutum asiri dabam, binne magana dabam. Samarin da suka daina biyan kuɗin wata ba kunyar dattijo suke nema ba. So suke su san ko gumin da suka zuba yana da mai tsaro. Takardar da ba ta amsa musu wannan ba za su sa mata hannu don ganin idon Mushe, su koma gida da abin a ciki, bayan wata uku a koma gidan jiya. Gyara kayanka ba ya zama sauke mu raba.

Da hantsi ya sa hula ya tafi gidan ma'aji shi kaɗai. Abin da suka faɗa wa juna a ɗaka ya tsaya tsakaninsu. Ranar juma'a da dare mutum huɗu suka zauna a zauren Mushe da fitila da kaye: shi, da ma'aji, da wakili ɗaya daga kowane ɓangare. Aka bi lissafi layi-layi. Ma'aji ya faɗa da bakinsa cewa ya ranci kuɗin lokacin jinya da niyyar mayarwa bayan kaka, kaka ta zo ba ta yi kyau ba, kunya kuma ta ɗaure masa harshe. Aka yanke zai riƙa biyan jika 10 kowane wata, aka kuma amince daga yanzu kuɗi ba su fita sai da hannun mutum biyu.

Takardar da aka karanta ranar lahadi ita ce ta samarin, da ƙarin jimla uku: an binciki asusu, an tarar da giɓin jika 150, an kuma tsara yadda za a cike shi. Ba a ambaci sunan kowa ba. Ba kowa abin ya gamsar ba. Samari huɗu suka ce an yi rufa-rufa, tun da ba a kama suna ba, suka tafi ba su dawo ba. Wani dattijo ya ce an ci mutuncin babba, ya yi wata biyu ba ya amsa gaisuwar Mushe. Ma'aji ya ajiye muƙamin da kansa, amma bai bar zuwa gwajin wasa ba. Shi ke fitowa a matsayin sarki har yanzu. Sauran suka koma fili ɗaya, kuɗin wata suka ci gaba da shiga.

Bayan kwana biyu magatakarda ya dawo zaure, ya ce yana so ya kwafi kalmar nan a kayensa don kada ta ɓace masa. Mushe ya buɗe masa shafin. A gefen kalmar, da fensir, akwai fassarar da dattijon ya yi mata da Hausa tun shekarun baya: «mai haɗa kai». An soke ta da layi ɗaya, an rubuta sabuwa a ƙarƙashinta: «mai niyyar haɗa kai». Saurayin ya kwafe su duka biyun, ya yi godiya, ya tashi domin an fara kiran magariba.